Fadamar Sudd: Tarihin Ruwan da Aka Kira Asara

Gabatarwa

Bayan Farin Nilu ya wuce Juba da Mongalla a Sudan ta Kudu, sai ya shiga wata shimfiɗaɗɗiyar ƙasa wadda kusan ba ta da gangare. A nan kogin yakan rasa gaɓa, ya rarrabu zuwa rafuka da tafkuna, ya malale cikin ciyayi tun daga wajen Bor har zuwa kusa da Malakal. Wannan ita ce fadamar Sudd, ɗaya daga cikin mafiya girma a duniya. Girmanta yana ƙaruwa yana raguwa gwargwadon cikar kogi, amma yankin da aka sanya ƙarƙashin yarjejeniyar Ramsar ta kare fadamu a 2006 ya kai murabba'in kilomita 57,000.

Sunan ya samo asali ne daga kalmar Larabci "sadd", wato shinge ko toshiya. Baƙo mai neman hanya ne ya raɗa shi. Tarihin fadamar kuwa, kusan dukkansa, ja-in-ja ne tsakanin masu kallon ta daga nesa a matsayin cikas da mazaunanta da suke ci suke sha daga gare ta.

Shingen da ya tare masu mulki

Wajen shekara ta 61 Miladiyya, Sarkin Rum Nero ya aika da wata tawaga don gano mafarin Nilu. Marubucin nan Seneca ya ruwaito cewa tawagar ta isa wata makekiyar fadama da jirgi ba ya iya ratsawa, daga nan ta juya. Masana da dama suna ganin Sudd ce. Abin da ya tare su shi ne tsibiran ciyawa masu yawo a kan ruwa: fafirus, wanda Misirawan dauri suke yin takarda da shi, da kara da kainuwa, sukan cure su zama dam, iska ta kora su su toshe kogi, har mutum ya iya takawa a kai.

Sai bayan kusan shekara 1,800 aka karya wannan shinge. Muhammad Ali, mai mulkin Masar, ya tura jiragen ruwa ƙarƙashin Salim Kabudan, waɗanda suka ratsa fadamar suka kai kusa da Gondokoro a 1841. Buɗewar hanyar ba ta zo wa mutanen kudu da alheri ba, domin fataken hauren giwa ne suka biyo baya, tare da su kuma masu farautar bayi. Duk da haka fadamar ba ta miƙa wuya ba. Ta tsayar da rundunar Samuel Baker a 1870, bai kai Gondokoro ba sai 1871. A 1880 ta rutsa da jiragen Romolo Gessi a kogin Bahar al-Ghazal har tsawon watanni, ɗaruruwan mutanensa suka mutu da yunwa. Bayan Ingila ta kama Sudan, tun daga 1899 aka shiga aikin yayyanka toshiyar ana janye ta da jirage masu tururi, har hanya ta samu.

Rayuwa a cikin fadama

Ga kabilun Dinka da Nuer da Shilluk, zuwan ruwa da komawarsa su ne ma'aunin shekara. Da damina sukan zauna a tudu, su shuka dawa. Idan rani ya shigo, ruwa ya ja, sai ya bar fili mai ɗanyar ciyawa wanda Dinka da Nuer suke kira "toic". Can ake kora shanu su yi rani, can kuma ake su da mashi a kududdufan da kifi ya maƙale. Shanun nan su ne sadaki, su ne diyya, su ne mutuncin gida, kamar yadda E. E. Evans-Pritchard ya bayyana a littafinsa kan Nuer na 1940. Idan ambaliya ba ta zo ba, babu toic; idan babu toic, shanu ba za su ga wata damina ba.

Namun daji ma da wannan ruwa suke rayuwa. Akwai dorina da kada a rafuka, akwai giwar ruwa da karfasa da tarwaɗa da gaiwa. Fadamar na daga cikin manyan matsugunan wani dogon tsuntsu mai baki kamar takalmi, wanda Larabawa suke kira Abu Markub, ga kuma gauraka da kwasakwasa da tsuntsaye masu ƙaura daga Turai. A 2024 gwamnatin Sudan ta Kudu da ƙungiyar African Parks suka bayyana sakamakon wata ƙidaya da aka yi ta jirgin sama, wadda ta ƙiyasta cewa kimanin dabbobi miliyan 6 ne suke ƙaura a filayen da ke gabas da Nilu. Mafi yawansu mariya ce mai farin kunne, sai barewa da dari da kwanta-rafi. Garken dari yakan gangaro gefen fadamar da rani, kamar dai shanun makiyaya.

Magudanar Jonglei

Injiniyoyi sun auna cewa kusan rabin ruwan da ke shiga Sudd ba ya fita ta Malakal. Rana da ciyayi ne suke shanye shi. A idon Alƙahira, wannan asara ce. Tun farkon ƙarni na 20 Baturen injiniya William Garstin ya ba da shawarar a haƙa magudana da za ta kauce wa fadamar. Yarjejeniyar rabon ruwan Nilu ta 1959, wadda ta ba Masar kubik mita biliyan 55.5, Sudan kuma biliyan 18.5, ta tanadi cewa ƙasashen biyu za su raba kuɗin irin wannan aiki da ribarsa daidai wa daida. Ba a tambayi makiyayan toic ba.

Da labarin aikin ya bazu a 1974, ɗalibai suka yi zanga-zanga a Juba, har aka rasa rayuka. Duk da haka, a 1978 wani kamfanin Faransa ya fara haƙa daga wajen bakin kogin Sobat ya nufi Bor, tsawon kilomita 360, da wata ƙatuwar na'ura ƙirar Jamus mai nauyin sama da tan 2,000, wadda ta riga ta yi aiki a Pakistan. Burin shi ne a ƙara wa Nilu kimanin kubik mita biliyan 4 a shekara. Mazauna yankin kuwa abin da suka gani shi ne wawakeken rami da ya raba shanunsu da makiyayarsu, ya kuma datse hanyar namun daji.

John Garang, wanda ya rubuta kundin digirinsa na uku kan yankin aikin Jonglei a Jami'ar Jihar Iowa ta Amurka a 1981, shi ne ya jagoranci tawayen SPLA da ya ɓarke a 1983. Mayaƙansa sun kai wa aikin hari, a 1984 kuma aka dakatar da shi bayan an haƙa kimanin kilomita 240. Na'urar tana nan a daji, tsatsa tana cin ta.

Kammalawa

Bai kamata mai karatu ya ɗauka cewa fadamar alheri ce tsantsa ga mutanenta ba. Lokacin da Tafkin Victoria ya cika fiye da ƙima a farkon shekarun 1960, Sudd ta kumbura ta haɗiye ƙauyuka da makiyaya. Haka kuma tun daga 2019 ambaliya take maimaituwa, ta raba dubun-dubatar mutane da muhallansu, garin Bentiu ya koma tsibiri a bayan shingayen ƙasa. Wanda ruwa ya ci gidansa ba zai ƙi a yashe kogi ba. Shi ya sa, da aka kawo injinan yashe kogin Naam daga Masar a 2022, ƴan ƙasar suka rabu biyu. Shugaban Jami'ar Juba na lokacin, Farfesa John Akec, yana cikin waɗanda suka yi adawa da shirin, daga bisani Shugaba Salva Kiir ya dakatar da shi har sai an yi nazarin tasirinsa.

Bambancin yau da jiya shi ne, tun samun ƴancin Sudan ta Kudu a 2011, hukunci ya baro Alƙahira da Khartoum ya dawo Juba. Sai dai tambayar da aka ƙi yi a 1959 da 1974 tana nan daram: ruwan da ya tsaya a Sudd, ya shayar da saniya, ya rayar da kifi, ya tsirar da ciyawar rani, asara ne ga wa? Duk lissafin da za a sake yi kan Jonglei, dole ne a zaunar da makiyayi da masunci a gabansa kafin a sa hannu.