Kazaure da Maƙwabtanta: Wa Ke Mulkin Garin da Ka Sa a Labarinka?



Akwai wani tuntuɓe da nake yawan gani a labaran da ake turowa wannan zaure. Marubuci zai kafa labarinsa a 1985, sai ya ce jarumarsa 'yar jihar Jigawa ce. Wani kuma zai sa manomin Ɓaɓura ya kai ƙarar gona fadar Sarkin Kazaure, don kawai ya ga garuruwan suna kusa da juna. Mai karatu ɗan Legas ba zai lura ba. Dattijon Roni kuwa da ya ji an karanta masa, nan take zai daina yarda da sauran labarin. Shi ya sa na ga ya dace mu bi tarihin iyakokin wannan yanki, mu ga yadda aka yi ta shata su ɗaya bisa ɗaya.

Masarautar Kazaure daga ƙin mubaya'a ta samo asali. Ɗantunku, Bafulatani mai ƙarfi a arewacin ƙasar Kano, ya taimaki masu jihadi a yaƙinsu da Sarkin Kano Alwali, kuma ana ba shi babban rabo wajen hana gudunmawar Katsina da Daura yi wa Alwali amfani. A zamanin Sarki Sulaimanu an zauna lafiya da shi. Da Sulaimanu ya rasu a 1819 aka naɗa Ibrahim Dabo, sai Ɗantunku ya ƙi bi. Ba shi kaɗai ya yi wa Dabo tawaye ba, amma sauran duk Dabo ya murƙushe su, har ya samu kirarin Cigari. Ɗantunku ne ya gagara. Ya bar wajen Ɗambatta ya kafa sansani a Kazaure, inda duwatsu suka zame masa garkuwa, aka shafe kusan shekara biyar ana gwabzawa. Baturen nan Clapperton da ya iso Kano a watan Janairun 1824 ya tarar Sarki yana sansani a wajen birni, ana shirin fita yaƙi da wannan Ɗantunkun. Daga ƙarshe Sarkin Musulmi Muhammadu Bello ya raba gardama, ya amince Kazaure ta tsaya da ƙafarta, ta riƙa bin Sakkwato kai tsaye.

Ku duba abin da hakan ke nufi a ƙasa. Kazaure ba ta cikin Hausa Bakwai, ba ta gaji wata tsohuwar daula mai iyakoki ba. An yanko ta ne daga gefen Kano da Katsina da Daura, gwargwadon inda dawakin Ɗantunku da na ɗansa Dambo, wanda ya yi sarauta daga 1824 zuwa 1857, suka iya tsarewa. Inda ƙarfinsu ya tsaya, nan iyaka ta tsaya. Ɗambatta ta zauna a hannun Kano ƙarƙashin Dambazawa. Ɓaɓura ma ta ci gaba da zama ƙasar Kano, a gefen da ke fuskantar hare-haren Damagaram. Wannan tsohon layi na ƙarni na 19 shi ne har yau ya raba Ɓaɓura da 'Yankwashi a sha'anin sarauta, duk da cewa mutanensu kasuwa ɗaya suke ci, suna auratayya.

A nan ne nake son masu rubuta labarin zamanin da su nutsu. Kafin Turawa, "gunduma" irin wadda muka sani, yanki guda a dunƙule da hakimi zaune a tsakiyarsa, ba ita ce tsarin ba. A ƙasar Kano manyan hakimai a birni suke zaune kusa da Sarki. Garuruwan da ke ƙarƙashin hakimi ɗaya a warwatse suke, wani a gabas wani a yamma, jakada ne ke kai da komowa yana karɓo haraji yana isar da saƙo. Don haka idan labarinka na 1880 ne, wanda talakan ƙauye ke tsoron ganin dokinsa jakada ne. Turawa sun ci Kano a watan Fabrairun 1903. Wajen 1907 zuwa 1908, zamanin Razdan Cargill, suka tattara garuruwa suka mayar da su gundumomi a dunƙule, suka tilasta wa hakimai fita su zauna a cikinsu, suka kawar da jakadu. Dalilinsu a fili yake: ƙidayar kawuna da tara haraji da jangali sun fi sauƙi idan kowane ƙauye yana da dagaci ɗaya, kowane dagaci yana da hakimi ɗaya. Irin wannan tsari ya game masarautun Lardin Kano, har da Kazaure, wadda Sarki Mayaƙi ke mulki a lokacin. Kazaure ta samu En'e tata da baitulmalinta da alƙalanta. Ɓaɓura kuwa harajinta baitulmalin Kano yake tafiya, ɗaukaka ƙararta ma can ake kai ta.

Daga nan abubuwa suka riƙa sauyawa da sauri. An ƙirƙiro jihar Kano ranar 27 ga Mayun 1967, ba a jima ba aka karɓe kotuna da 'yan doka da gidajen yari daga hannun En'e. Gyaran 1976 ya kawo ƙananan hukumomi, Kazaure ta zama ɗaya daga cikin ashirin na jihar Kano, sarakuna suka koma masu ba da shawara. Gwamna Abubakar Rimi ya soke haraji da jangali bayan hawansa a 1979. Wannan na ƙarshen ƙaramin bayani ne, amma ya isa ya rushe babi guda: dagacin da ke bin mutane da takardar haraji a 1982 a ƙasar Kazaure, marubuci ne ya ƙirƙiro shi.

Sai ranar 27 ga Agustan 1991, lokacin da gwamnatin Janar Babangida ta yanke Jigawa daga Kano, hedikwata a Dutse. A ra'ayina babu yankin da wannan yanka ya yi wa siffa mai ban mamaki kamar namu. Ku buɗe taswira ku gani: Kazaure da Roni da Gwiwa da 'Yankwashi sun miƙe yamma kamar hannu, Katsina ta sama, Kano ta ƙasa, ta wajen Ɓaɓura suke manne da sauran jihar. Babbar hanyar da ta ratsa Kazaure ta Kano zuwa Daura ce, ta Ɗambatta. Ɗan Roni ya fi kusa da kasuwannin Kano nesa ba kusa ba a kan sakatariyar jiharsa. Marubucin da ke neman rikici na gaske, ga shi nan a kwance: malamin makaranta da zai ratsa wata jiha kafin ya isa inda fayil ɗinsa yake.

Ita Ɓaɓura, shigarta Jigawa ta raba ta da fadar Kano bayan doguwar tarayya. Aka kafa Masarautar Ringim, aka sa ta ciki tare da Garki da Taura. Gwiwa da 'Yankwashi ba su zama ƙananan hukumomi ba sai 1996, zamanin Janar Abacha, lokacin da na Jigawa suka cika 27. Kafin nan babu ciyaman ɗin Gwiwa da za ka sa a labari. A lura kuma, sakatariyar ƙaramar hukumar 'Yankwashi a Karkarna take.

Yau mutumin Ɓaɓura da na Gwiwa sanata ɗaya suke zaɓa, na Jigawa ta Arewa maso Yamma. A Majalisar Wakilai sun rabu: Ɓaɓura tana tare da Garki, Gwiwa tana tare da Kazaure da Roni da 'Yankwashi, wato daidai da faɗin masarautar da Sarki Najib Husaini Adamu ke riƙe da ita tun 1998. Ranar hawan Sallah ma hakiminsu ba fada ɗaya suke nufa ba, na Gwiwa Kazaure, na Ɓaɓura Ringim.