Rodofsin da Dundumi: Tarihin Kalmomi Biyu a Asibitocin Ido na Kaduna

Duk wanda ya taɓa fitowa daga hasken rana tsaka ya faɗa zaure mai duhu ya san abin da kan faru. Da farko ba ya ganin kome, har yakan yi tuntuɓe da takalman waɗanda ke zaune. Jim kaɗan sai ya fara rarrabe tabarma da bango, can kuma fuskoki su bayyana. In duhun mai tsanani ne, ido yakan ɗauki minti 30 zuwa 40 kafin ya kai iyakar ƙarfinsa. To, akwai mutanen da wannan sabo da duhu ba ya zo musu. Da rana garau suke gani, amma da an yi sallar magariba sai lalube. Hausawa sun daɗe da raɗa wa wannan hali suna, watau dundumi. Likitocin ido su ma suna da tasu kalmar, wadda ɗalibi kan haddace don jarrabawa, watau rodofsin. Kalmomin nan biyu sun shekara da shekaru suna gamuwa a asibitocin ido na Kaduna, ɗaya daga bakin uwa, ɗaya a cikin littafin likita, kuma ba a gane inda suka dace da inda suka saɓa ba sai da aka sha wuya.

Asalin kalmar

A can bayan ƙwayar ido, daga ciki, akwai wani tantani wanda kaurinsa bai wuce kamar rabin milimita ba. Shi ne tantanin gani, wanda likitoci ke kira retina. A jikinsa akwai ƙwayoyin halitta iri biyu masu karɓar haske. Waɗansu dogaye ne sirara kamar 'yan sanduna, sun haura miliyan 90 a kowane ido. Waɗansu kuma suna da siffar mazurari, ba su fi miliyan 5 ko 6 ba. A 1866 wani masani Bajamushe, Max Schultze, ya lura cewa dabbobin da ke yawo da dare, irin su mujiya da jemage, 'yan sandunan ne suka rinjaya a idonsu. Daga nan ya ce sandunan na ganin dare ne, mazuraran kuwa na ganin rana da rarrabe launi.

Shekara goma bayan haka, a 1876, wani Bajamushe mai koyarwa a birnin Rum, Franz Boll, ya fiɗe idon kwaɗon da ya kwana cikin duhu, ya tarar tantanin ganinsa ja ne wur, amma da haske ya taɓa shi sai launin ya koɗe. Kwaɗon da ya yini a rana tantaninsa fari ne, in an mai da shi duhu sai jan ya komo. Boll bai yi tsawon rai ba, tarin fuka ya kashe shi a 1879 yana ɗan shekara 30. Wanda ya ɗauki aikin ya kai shi nesa shi ne Wilhelm Kühne na jami'ar Heidelberg. Shi ya yi dabarar narkar da launin da sinadaran ruwan matsarmama ya fitar da shi daga tantanin, ya tabbatar wani abu ne mai zaman kansa wanda ke cikin 'yan sandunan nan. Ya kira shi shunayyar gani da Jamusanci, sa'an nan ya ƙera masa suna daga kalmomin Girkanci biyu: ɗaya tana nufin furen wardi, ɗaya kuma gani. Rodofsin ke nan, watau wardin gani.

Kühne ya yi wani gwaji da ya bar baya da ƙura. Ya rufe kan zomo har launin ya taru, ya fuskantar da shi ga taga mai sandunan ƙarfe na 'yan mintoci, ya yanka shi, ya tsoma tantanin cikin ruwan alif. Sai ga surar tagar ta fito a jiki kamar hoto. Labari ya bazu cewa ashe idon wanda aka kashe yana riƙe da fuskar makashinsa, har waɗansu 'yan sanda a Turai da Amurka suka riƙa ɗaukar hoton idon gawa. Ba a taɓa kama kowa ta wannan hanya ba. Abin da ya fi amfani cikin aikin Kühne, ba a kula da shi sosai ba a lokacin: ya nuna launin ba ya komowa sai tantanin gani yana manne da wani baƙin shimfiɗi da ke bayansa.

Hanta

Tun kafin a san da rodofsin an san maganin dundumi. Likitocin Masar ta dā da na Girka sun ambaci hanta. Larabawa suna kiran ciwon asha, daga nan ne ma mawaƙin nan na zamanin Jahiliyya ya sami laƙabinsa na Al-A'asha, kuma likitocinsu sukan ce a gasa hantar akuya, a ɗiga ruwanta a ido, a ci naman. Hausawa ma ba a bar su a baya ba. Wani bincike da aka yi tsakanin Hausawan Filinge a Jamhuriyar Nijar, aka buga a 1997, ya tarar da kalmar dundumi a bakin jama'a, da hanta a matsayin maganinsa. Sai dai babu wanda ya iya faɗin abin da ya haɗa hanta da ganin dare.

An gano bitamin A a Amurka a 1913. A 1925 masana biyu a ƙasar Danmak, Fridericia da Holm, suka nuna ɓerayen da aka hana wa wannan bitamin suna jinkirin mai da rodofsin bayan haske ya koɗar da shi. Wanda ya ƙulla zaren shi ne George Wald, wani saurayi Ba'amurke da ya je Jamus ƙaro ilmi. A 1933 ya sami bitamin A a cikin tantanin gani kansa. Daga baya shi da abokan aikinsa a jami'ar Harvard, musamman Ruth Hubbard, suka warware yadda abin yake. Rodofsin abu biyu ne a haɗe: wani furotin da ake kira ofsin, da ɗan ƙaramin sinadari da jiki ke sarrafawa daga bitamin A. Wannan ɗan sinadari a lanƙwashe yake zaune cikin furotin, kamar kunamar tarko da aka ɗana. Aikin haske ɗaya ne tak, ya miƙar da shi. Da ya miƙe sai furotin ya sake siffa, saƙo ya bi jijiya zuwa ƙwaƙwalwa, sinadarin kuma ya rabu da ofsin, launi ya koɗe. Kafin a sake ɗana tarkon sai an kai sinadarin baƙin shimfiɗin nan na Kühne an sake lanƙwasa shi. Jinkirin wannan zirga-zirga shi ne jiran da mai shiga zaure ke yi. Ita kuwa hanta, ita ce rumbun da jikin mutum da na dabba ke ajiye mafi yawan bitamin A. In rumbun ya ƙare, babu abin ɗana tarko, sai dundumi. An ba Wald kyautar Nobel a 1967.

Yadda ta kaya a Arewa

Ilmi mai tsafta irin wannan yana da nasa hatsari, domin wanda ya riƙe shi yakan so ya fassara kome da shi. A 1949 wani likitan gwamnati, B. M. Nicol, ya buga sakamakon awon abincin manoma a waɗansu ƙauyukan Arewa, ya nuna ƙarancin bitamin A inda ba a cin manja. Dawa da gero ba su da shi, ganyen miya kuma in an shanya shi a rana yakan yi hasarar mai yawa daga abin da yake ɗauke da shi. Tsakanin 1952 da 1956 ƙungiyar taimakon makafi ta ƙasashen rainon Ingila, wadda yanzu ake kira Sightsavers, kuma ofishinta na Nijeriya yake Kaduna, ta aiko likita Frederick Rodger ya zaga Afirka ta Yamma yana binciken makanta. A ƙauyukan bakin kogi, inda baƙin ƙuda ke cizon mutane yana zuba musu 'ya'yan wata tsutsa, ya tarar da mutane masu kukan rashin ganin dare, tantanin ganinsu kuma ya lalace. Da yake ya san labarin rodofsin, sai ya ce ƙarancin bitamin A ne ya haɗu da dafin tsutsar ya jawo wannan ɓarna. F. H. Budden, likitan ido na gwamnatin Jihar Arewa, ya jingina ɓarnar ga tsutsar ita kanta da yawanta a jiki. Binciken da aka yi a Kamaru cikin shekarun 1970 ya ba Budden gaskiya.

A Kaduna aka kawo ƙarshen maganar ta hanyar magani. Tun 1962 kamfanin Guinness ya gina asibitin ido a garin, wanda daga baya ya zama sashen ido na asibitin koyarwa na Jami'ar Ahmadu Bello. Dokar soja mai lamba 52 ta 1979 kuma ta kafa Cibiyar Kula da Ido ta Ƙasa, wadda aka buɗe mazauninta na wajen Mando a 1992. Daga nan ne Farfesa Adenike Abiose da abokan aikinta daga Landan suka gudanar da gwajin maganin Mectizan a ƙauyuka 34 na Jihar Kaduna. Sakamakon da suka buga a 1993 ya nuna shan ƙwayar sau ɗaya a shekara yana rage lalacewar jijiyar gani. Rahoton 2012 kan yankunan Birnin Gwari da Kauru da Lere, bayan shekara 15 zuwa 17 ana rabon maganin, bai sami 'ya'yan tsutsar a fatar ko mutum ɗaya cikin waɗanda aka gwada ba. Wannan dundumin dai ba na hanta ba ne. Abin lura shi ne har yau gidajen rediyo da jaridu sukan kira makantar bakin kogi da sunan cutar dundumi, alhali kuwa alama ɗaya ce kurum ta haɗa su.

An kuma yi kuskure ta ɗaya gefen, ko da yake kuskure ne na masu taka-tsantsan. A 1979 likitoci biyu na asibitocin Jami'ar Ahmadu Bello, John Sandford-Smith da Hilton Whittle, suka buga bincike kan gyambon da kan fito a baƙin idon yara bayan ƙyanda, wanda kan bar hakiya. Sun ce shi ne babban sanadin makantar yara a Arewa. Amma da suka auna jini, sai suka ga yaran da ba su da gyambon ma suna cikin ƙaranci, don haka suka ɗauki bitamin A a matsayin mai taimakawa kawai. Ba su yi ƙarya ba, akwai waɗansu sanadan. Sai dai gwaje-gwajen da aka yi daga baya a Tanzaniya a 1987 da Afirka ta Kudu a 1990 sun nuna ba yaro mai ƙyanda bitamin A yana rage mace-mace ƙwarai. Ka'idar yau ita ce a ba shi kashi biyu, yau da gobe.

Amfanin kalmar gida

Wani likitan ido Ba'amurke, Alfred Sommer, ya yi aiki a Indonesiya daga 1976. Mutanen can suna kiran dundumi makantar kaza. Sommer ya gano cewa in aka tambayi uwa da wannan kalma tata ta gida, amsarta abin dogara ce wajen gane yaro mai ƙarancin bitamin A. Sa'an nan a 1983 ya nuna yara masu wannan alama sun fi sauran mutuwa, a 1986 kuma ya nuna ba su bitamin A sau biyu a shekara ya rage mace-macen da kimanin kashi ɗaya bisa uku. Dalili shi ne bitamin A ba ido kaɗai yake yi wa aiki ba, yana kare fatar hanji da ta hanyar numfashi, yana kuma ƙarfafa jiki kan cuta. 'Yan sandunan ido su ne dai masu fara kuka. Saboda haka uwar da ta ce ɗanta ba ya iya gano akushi da almuru, labarin rai take bayarwa, ba na ido kurum ba.

A kan wannan aka gina shirin da ma'aikatan lafiya suka sani. Binciken abinci na ƙasa na 2001 zuwa 2003 ya sami ƙarancin bitamin A a jinin kashi 29.5 cikin ɗari na yara 'yan ƙasa da shekara biyar. Tun 2002 doka ta tilasta zuba shi a fulawa da sukari da man girki da masana'antu ke sarrafawa. Ana kuma ɗiga wa yara shi a baki duk wata shida, shuɗin ƙwanso ga ɗan wata 6 zuwa 11, ja ga ɗan shekara ɗaya zuwa biyar. Mace mai ciki kuwa, ko da tana dundumi, ba a ba ta jan ƙwanson nan, don yawansa na iya cutar da ɗan tayi, sai ɗan kaɗan bisa awon likita. Ga sauran jama'a hanta da ƙwai da man shanu da manja da zogale da kabewa da mangwaro sun isa.

Saura dundumi na uku, wanda a nan ne kalmar rodofsin ke rarrabe abin da kalmar gida ta cakuɗa. Akwai wanda rumbunsa cike yake, babu tsutsa a jikinsa, amma tun yana yaro ba ya ganin dare, gefen ganinsa kuma yana ta tsukewa har ya koma kamar mai leƙe ta cikin bututu. Wannan na gado ne. A 1990 Thaddeus Dryja da abokan aikinsa a Boston suka nuna cewa a waɗansu iyalai ofsin ɗin kansa ne aka haifa da naƙasa, harafi ɗaya ya sauya cikin 348 da suka haɗu suka yi shi. A waɗansu kuma naƙasar tana cikin wani sashen zirga-zirgar, kuma daga cikin irin wannan akwai wadda ba ta bayyana sai uwa da uba duka suna ɗauke da ita, abin da auren zumunta ke ƙara wa dama. Hanta ba ta warkar da shi, kuma likita ba ya tantance shi sai ya leƙa can bayan ido da madubi ya ga ɗigo-ɗigon baƙi a jikin tantanin.

A 2017 hukumar magunguna ta Amurka ta amince da magani na farko ga iri ɗaya tak daga cikin waɗannan, mai suna Luxturna. Ana yin allurarsa a ƙarƙashin tantanin gani, don gyara sinadarin da ke sake lanƙwasa bitamin A a cikin baƙin shimfiɗin da Kühne ya nuna shekara 140 kafin nan. Kuɗin da aka sa masa da ya fito dala 425,000 ne a kan kowane ido.