Gaisuwar Manuwa a Cikin Majigi

A zamanin da motar majigi take zaga garuruwan ƙasar Kano, mutumin Wudil da bai san ruwan da ya fi kogin garinsu ba yakan ga teku a jikin farin ƙyalle. Cikin abubuwan da akan nuna har da manuwa, watau jirgin ruwa na yaƙi, tana buga igwa. Wanda bai sani ba sai ya zaci yaƙi ake yi, alhali kuwa gaisuwa ce.

Asalin al'adar shi ne, igwar dā in an buga ta, sai an daɗe kafin a sāke ɗura mata albarushi. Saboda haka jirgin da ya iso gaɓar wata ƙasa yakan juye igwoginsa tun daga nesa, don a tabbata da alheri ya zo. Daga baya aka tsai da bugu 21 domin girmama ƙasa ko sarkinta. Masu masauki kuma su mayar, bugu da bugu, gama ƙin amsawa wulakanci ne ga ƙasar baƙon.

Irin wannan biki yana cikin abubuwan da aka fara ɗauka da na'urar hoto mai motsi. A 1895 wani Bature, Birt Acres, ya ɗauki bikin buɗe mashigin ruwa na Kiel a Jamus. A 1897 kuma aka ɗauki jerin manuwa a Spithead, sa'ad da Sarauniya Biktoriya ta cika shekara 60 bisa gadon sarauta. Hotunan nan ba su da murya, hayaƙin igwa kaɗai ake gani.

A 1925 ɗan Sarkin Ingila, Edward, ya zo Afirka ta Yamma cikin manuwa mai suna Repulse, masu ɗaukar hoto suna biye da shi. Daga Ikko ya shiga jirgin ƙasa zuwa Kano, aka yi masa hawan daba a zamanin Sarkin Kano Usman. Mahaya suka zaburo da dawaki, makamai a ɗage, suka ja linzami a gabansa, suka yi jinjina.

To, jahin barade da bugun igwar manuwa manufarsu ɗaya ce. Mai makami yana nuna ƙarfinsa, sa'an nan ya nuna ba da faɗa ya zo ba.