Adamu Halilu da fim ɗin da ya kwana shekara arba'in a cikin ƙura

Ƴan uwa ɗalibai, nan Tsibiri da Maradi ba wanda bai san finafinan Kano ba, amma in na ce Adamu Halilu, sai a yi tsit. To, shi ne mutumen da ya ɗauko Shaihu Umar daga dandalin wasan kwaikwayo ya kai shi majigi.

Labarin na Abubakar Tafawa Ɓalewa ne, an buga shi a 1934, tun yana malamin makaranta, kafin ya zama firaministan Najeriya. Daga baya Umaru Ladan da Dexter Lyndersay suka maishe shi wasan kwaikwayo, aka buga a 1975. Halilu kuwa ya daɗe yana shirya finafinan wayar da kai na gwamnati. A 1976 ya yi fim ɗin da Hausa, Umaru Ladan ya fito a matsayin Shaihu Umar, aka nuna shi a bikin FESTAC na Legas a 1977.

Ni a ganina, abin da ya ƙara shi ne fili. A dandali, sai dai a gaya maka an sace yaro, an ƙetare Sahara da shi, uwa tasa ta bi sawu. A fim kuwa, ga rairayin nan kana gani, kuma nisan da bauta ta sa tsakanin uwa da ɗa ya shiga idonka. Mu da hamadar nan take arewa da mu, wannan ba labarin baƙi ba ne.

Bayan haka ya yi Kanta of Kebbi a 1978. Ya rasu a 2001, lokacin Shaihu Umar ya ɓace, ana jin sunansa kawai. Sai a 2016 aka tsinci faifansa cikin tarin tsofaffin gwangwanaye a Legas. Cibiyar Arsenal ta Jamus ta gyara shi, aka sake nuna shi a Balin a 2018.

Kun ji hwa! Aikin da gwamnati ta kashe wa kuɗi ke nan ya kusa salwanta. Ina ga wasannin su Yazi Dogo da iyayenmu suka kalla a Télé Sahel? Adana su aikinmu ne, tun ana iya samun su.