Taswirar Duwatsu Masu Amo: Darasin Birnin Kudu ga Masu Nazarin Ƙasar Arewa

Gabatarwa

A shekarar 1955, Bernard Fagg, masanin kayan tarihi da ke aiki a gidan tarihi na Jos, yana nazarin zanen shanu da ke jikin duwatsun Birnin Kudu, a jihar Jigawa ta yau, sai ya lura da wasu falalen duwatsu masu ɗauke da ƙananan ramuka masu santsi. Da aka buge su da ɗan dutse, sai suka ba da amo irin na kuge. Ya bayyana binciken a mujallar Man a 1956, kuma daga nan masana suka shiga farautar irin waɗannan duwatsu a Filato da Bauci, har zuwa Yuganda da Sudan da Indiya. A 1997 Catherine Fagg ta tattara wuraren da aka sani a littafinta Rock Music.

Wannan maƙala tana tambaya ne: in za a zana irin wannan taswira a Arewa, wato gundumomin Dogon Dutsi da Tibiri na jihar Dosso a Jamhuriyar Nijar, da wane ma'auni za a yi aikin? Matsayinta shi ne, ma'aunin Birnin Kudu kaɗai ba zai wadatar ba.

Abin da ke sa dutse amo

Amo yana buƙatar sharuɗɗa uku. Dutsen ya kasance mai tauri, ƙwayoyinsa a cure. Ya kasance babu tsaga a cikinsa, domin tsaga tana shanye girgiza. Sannan ya zauna a kan ƴan wurare kaɗan, da sarari a ƙarƙashinsa, yadda zai girgiza ba tare da ƙasa ta danne shi ba. Dutsen giranit na Birnin Kudu ya cika su duka: zafin rana da sanyin dare da daɗewar zamani suna ɓare masa falle-falle, wani ya faɗo ya dogara a kan wani.

Ƙasar Arewa ba haka take ba. Tsaunukan da suka ba Dogon Dutsi sunansa, da gaɓar kwarin Dallol Mawri da ya gangara ta Tibiri zuwa Gaya, duwatsun yashi ne da laka, masu hular marmara. Irin wannan dutse yana da ƙofofi, sauti yakan mutu a cikinsa. Sai dai inda sinadarin ƙarfe ya ƙanƙame yashin ya yi tauri, ana iya sa ran falle mai ƙara. Saboda haka mai binciken da ya shigo da guduma da na'urar auna sauti kawai, yana iya komawa Yamai da taswira kusan fanko, ya yanke hukuncin cewa dutse ba ya magana a Arewa.

Dutsen da ake saurara

Wannan hukunci kuskure ne, kuma Lugu, wani ƙauye a ƙasar Arewa, shi ne hujja. A can ne mazaunin Sarauniya, wadda ta yi fito-na-fito da rundunar Faransawa ta Voulet da Chanoine a 1899. A can ne kuma dutsen Tunguma yake, wanda tarihin baka na Gubawa, mutanen yankin, ke cewa shi ya jagoranci kakanninsu daga Daura har inda suka yada zango, kuma Azna, masu bin addinin gargajiya, na kai masa tambaya da neman hukunci. Darajar Tunguma ba daga ƙararsa take ba, daga amanar da jama'a suka ba shi take. Na'ura ba za ta rubuta komai a kansa ba, alhali babu taswirar duwatsun Arewa da za ta amsa sunanta in babu shi.

Ko a Birnin Kudu ma, ba amo kaɗai ne shaida ba. Duwatsu da yawa suna ƙara in an buge su, amma ramukan da hannun mutane ya sassaƙa a tsawon zamani ne suka tabbatar da cewa an yi kiɗa a wurin. Ke nan abin da ake taswirarsa shi ne hulɗar mutum da dutse.

Wani zai ce haɗa awon kimiyya da tarihin baka yana gurɓata sakamako, tun da ana iya maimaita awo, ba a iya maimaita imani. Wannan suka tana da ƙarfi, amma maganinta rarrabewa ne, ba watsarwa ba. A yi taswira mai hawa uku: na farko nau'in dutse da awon amonsa, na biyu alamun hannu, kamar ramukan bugu da zane da wurin niƙa, na uku sunan wurin da abin da dattawa ke faɗa a kansa, da bakinsu, tare da nuna wanda ke da iko da shi. Kowane hawa a auna shi da ma'auninsa. Aikin Marc-Henri Piault, Histoire Mawri na 1970, ya riga ya nuna yawan abin da tarihin baka na yankin ke ɗauke da shi.

Kammalawa

Jinkiri yana da tsada. A Sudan, sai da gina madatsar ruwa ta Merowe ya ƙarato masana suka yi gaggawar rubuta ɗimbin duwatsu masu amo a bakin Nilu, kafin ruwa ya rufe yankin. A ƙasashenmu barazanar ita ce masu fasa dutse don gini, da rasuwar tsofaffin da suka san sunayen wuraren.

Ya kamata cibiyar bincike ta IRSH ta Jami'ar Abdou Moumouni da ke Yamai ta haɗa masana duwatsu da na tarihi da na harshe a ayari guda, su fara da neman izinin fadar Samna a Tibiri, da ta Sarkin Arewa, da gidan Sarauniya a Lugu. Kada a bugi dutsen da masu shi suka hana a taɓa, kuma a ajiye kwafin sakamakon da Hausa a makarantun yankin.