Daga 'Yan Kama Zuwa Ɗan Ibro: Asalin Waƙar Barkwanci a Fim ɗin Hausa

Duk ranar 10 ga Disamba sai hotunan marigayi Rabilu Musa Ibro su cika Facebook, ana yi masa addu'a. Kafin azahar kuma tsohuwar gardama ta tashi: wai rawa da waƙa a fim ɗin Hausa kayan aro ne daga Indiya, Ibro ma ɗan aro ne kamar sauran. Mu nan Gaya ta Nijar, inda kaset ɗin Kano ya riƙa shigowa ta Kamba yana ƙetare gada zuwa Malanville, mun kalli mutumin nan sosai, har muna da bakin magana a kansa.

Masu cewa Indiya suna da hujjarsu. Tun 1937 aka buɗe silimar Rex a Kano, daga baya 'yan kasuwa Kwarori, masu yawancin gidajen silima, suka fara kawo finafinan Indiya, suka ga sun fi na Amurka shiga ran jama'a. Mother India, wanda ya fito a 1957, ya yi shekara da shekaru ana maimaita shi. Samari suka haddace waƙoƙin da ba su san ma'anarsu ba, wasu masu begen Annabi da bandiri ma suka ɗauki karin waƙoƙin Indiya suka ɗora nasu baitoci. Da Turmin Danya ya fito a 1990 daga ƙungiyar Tumbin Giwa, aka shiga zamanin bidiyo. Fiyanon Yamaha ya shigo ɗakunan ɗaukar sauti na Kano, sannan Sangaya, wanda Ali Nuhu da Fati Muhammad suka fito a ciki, ya yi kasuwar da ta sa kowane furodusa ya yarda cewa fim ba ya sayuwa sai da waƙa. Saurayi da budurwa a cikin lambu, ana canza kaya sau uku kafin baiti ya ƙare: wannan kam na Indiya ne, ba mai musu.

Sai dai wannan labarin finafinan soyayya ne, waɗanda 'yan fim ke kira santimental. Ibro ɗan ɗaya ɓangaren ne, wato camama, finafinan barkwanci masu arha da ake ɗauka a ƙauye cikin 'yan kwanaki, waɗanda 'yan birni suka daɗe suna yi wa kallon raini alhali su ne ke cika aljihun dillalai.

An haife shi a 1971 a Ɗanlasan, cikin ƙaramar hukumar Warawa ta jihar Kano. Ya yi makarantar horon malamai ta Wudil, ya yi aikin gandiroba na wasu shekaru, sannan ya ajiye kaki ya rungumi wasan kwaikwayo. Kafin shi talabijin ya riga ya saba wa mutane da 'yan wasan ban dariya irin su Usman Baba Pategi, wato Samanja, da Ƙasimu Yero a Kaduna, da Ƙarƙuzu a Jos. Abin da Ibro ya ƙara shi ne ya mayar da sunansa tambarin kasuwa. A sa “Ibro” a gaban kowace kalma, fim ya samu suna, mai saye kuma ya san abin da zai tarar.

A ganina, wanda yake son gano tushen waƙarsa ya bar Bombay ya tafi kasuwar ƙauye. Tun kafin a san majigi akwai 'yan kama, masu naɗa rawani su zauna kamar malamai, su ɗauki karin wa'azi ko na karatu su cika shi da zancen tuwo da fura da nama. Akwai 'yan gambara da baƙar maganarsu. Akwai tashe a watan azumi, inda yara ke kwaikwayon dattijo da malami da baƙo, a yi dariya a ba su hatsi. Ka'idar duka ɗaya ce: ka ɗauki abin da jama'a suka riga suka sani kuma suke girmamawa ko tsoro, ka sa shi a bakin wawa. Haka Ibro ya yi aikinsa tun daga farko har ƙarshe. Da Awilo Longomba na Kwango ya mamaye gidajen biki, sai ga Ibro Awilo. Da duniya ta rikice bayan harin 11 ga Satumban 2001, sai ga Ibro Usama a 2002, daga baya kuma Ibro Saddam. Da ya waiwayi Indiyar kanta a Ibro Ɗan Indiya, ya ɗauki karin waƙoƙinsu ya cusa musu surutun da ya yi kama da Indiyanci. Jarumin santimental yana so ka manta da inda aka ɗauko kiɗan. Ibro kuwa so yake ka gane, don in ba ka gane ba babu abin dariya. Wanda bai ga wannan bambanci ba bai kalli finafinan da kyau ba.

Shi ya sa ya yi farin jini a gari irin namu, inda Dendi da Zabarmanci da Hausa ke cakuɗe a kasuwa ɗaya. Wanda Hausarsa ba ta nuna ba yakan ɓace a cikin dogon zancen masoya, amma zare idon Ibro da karkace hularsa da yadda yake taka rawa kamar wanda kunama ta harba ba su buƙatar tafinta.

Hukuma dai ba ta bambance camama da santimental ba. Bayan ƙaddamar da shari'a, gwamnatin Kano ta dakatar da harkar fim a ƙarshen 2000, ta kafa Hukumar Tace Finafinai a 2001. A 2007, zamanin Gwamna Malam Ibrahim Shekarau, aka naɗa Malam Abubakar Rabo Abdulkarim shugabanta, aka tsaurara dokoki, aka kafa kotun tafi-da-gidanka. A shekarar aka ɗaure Adam A. Zango saboda kundin waƙoƙinsa mai suna Bahaushiya. A 2008 aka kai ga Ibro: shi da Lawal Ƙaura aka yanke musu wata biyu, bisa zargin kamfani mara rajista da rawar da aka ce ta saɓa tarbiyya a fim ɗin Ibro Aloko, mai waƙar Mamar. Tsohon gandiroba ya koma gidan yari a matsayin fursuna. Ni dai har yau ina ganin an yi amfani da gatari inda allura za ta wadatar, domin sarakunan da ma sun san ba a hukunta ɗan kama don ya kwaikwayi malami.

Ya fito ya ci gaba da sana'arsa, jama'a kuma suka ƙara son sa. Ciwon ƙoda ne ya kwantar da shi, ya rasu ranar 10 ga Disamban 2014, aka binne shi a Ɗanlasan. Su Daushe da Bosho da Naburaska sun riƙe barkwancin, yanzu kuma yara na yanka guntayen finafinansa suna yaɗawa a TikTok.

Kira na ga masu ajiyar tsofaffin kaset da faifai a Gaya da Dosso da Birnin Kebbi: kada ku zubar da na camama don kuna ganin ba su da daraja. Ku nemi wanda zai juye su a kwamfuta tun zafi da ƙura ba su cinye su ba. Allah ya jiƙan Rabilu Musa, ya gafarta masa.