Bakatsinen Da Ya Kai Ilmin Sa'o'i Birnin Alƙahira

Duk mai kallon finafinan mu ya san yadda ake nuna masanin sirri. Za a kai shi ƙurmin daji irin na Kamuku da ke Birnin Gwari, a ɗaura masa jan ƙyalle da ƙahoni, ya riƙa ƙyaƙyata dariya babu dalili. A littattafan yaƙi kuma shi ne bokan da ke duba madubin tsafi ya ga abin da zai faru gobe. To amma ƙasar Hausa ta taɓa yin mutumin da ya shahara a ilmin taurari da sa'o'i har Misirawa su ka zauna gaban sa su na ɗaukar karatu, kuma ko kusa bai yi kama da waɗancan ba. Sunan sa Muhammadu bn Muhammad al-Fulani al-Kashnawi, wato Bafillace Bakatsine.

Ya tashi a Katsina ta zamanin sarakunan Haɓe, garin su Wali Ɗan Marina da Ɗan Masani. Cikin malaman sa akwai Shehu Muhammadu Bindu, wanda ya karantar da shi ilmin haruffa da hatimi da hisabi da sanin lokuta. Ya yi aikin Hajji a 1730, daga baya ya zarce Alƙahira. A can ya sauka gidan Shehu Hasan al-Jabarti, wanda shi kan sa gwani ne a ilmin falaki, amma ya zama ɗalibin baƙon nasa a fannin hatimi. A gidan ya rasu cikin 1741, bayan ya bar wasiyyar dukiyar sa da littattafan sa a hannun mai masaukin nasa. Ɗan gidan, Abdurrahman al-Jabarti, wanda aka haifa fiye da shekara 10 bayan haka, shi ne ya zama babban marubucin tarihin Masar, kuma shi ya adana mana labarin malamin a cikin Aja'ibul Athar.

Mene ne ilmin sa'o'in nan? Masu shi kan raba yini gida 12 daga fitowar rana zuwa faɗuwar ta, dare ma gida 12. Sai su ce kowace sa'a akwai tauraron da ke riƙe da ita cikin guda 7, a jere kamar haka: Zuhal, Mushtari, Mirrihu, Rana, Zahra, Uɗaridu, Wata. In an kai ƙarshe sai a koma farko. Mai karatu, gwada da yatsun ka. Fara da Rana a sa'ar farko ta Lahadi, ka ƙirga 24. Ta 25, wadda ita ce farkon Litinin, za ta faɗa kan Wata. Ci gaba, Talata ta faɗa kan Mirrihu, Juma'a kan Zahra, Asabar kan Zuhal. Daga wannan lissafi ne ake cewa sa'a kaza ta dace da tafiya, kaza da shiga wurin sarki, kaza kuma a kama jiki. Tsofaffin mu da ke zaɓen ranar tarewa ko ranar aski, su na taɓa gefen wannan abu ne ko sun sani ko ba su sani ba.

Littafin sa a wannan fanni shi ne Ad-Durrul Manzum, kan ɗalasimai da taurari, wanda ya gina bisa As-Sirrul Maktum na Fakhruddin Razi. An buga shi a Masar. Amma wanda ya jawo hankalin masana lissafi shi ne Bahjatul Afaƙ, kan haruffa da hatimi.

Nan ne ni dai na ke jinjina masa. Hatimi fa, in an ajiye batun laya gefe, lissafi ne tsantsa. Ɗauki mai gida 9, wanda almajirai ke kira Baduhu. Ka zuba lambobi daga 1 zuwa 9, ka sa 5 a tsakiya, 2 da 4 da 6 da 8 a kusurwoyi, sauran ka cike gurabe yadda ko ta ina ka tara, a tsaye ko a kwance ko a karkace, 15 za ka samu. Wannan wasan yara ne. Ina mai gida 25, wanda kowane layin sa sai ya ba da 65? Ina mai gida 81 da ke neman 369? Ba a yin su da dace. Malamin ya tsara ƙa'idojin cike irin waɗannan hatimai masu mara, har ya na aron tafiyar doki a wasan shaɗaranji don nuna gidan da lamba ta gaba za ta sauka. Wata Ba'amurkiya, Claudia Zaslavsky, ta yi bayanin hanyoyin nasa a littafin ta Africa Counts na 1973, kuma ta nan ne sunan sa ya shiga azuzuwan lissafi a ƙasashen Turawa. Akwai kwafin rubutun hannu na aikin a makarantar SOAS ta Landan.

Sai dai kada mu yi wa tarihi kwaskwarima. Shi malamin bai raba lissafin da sirrin ba, domin a wajen masu fannin kowane hatimi na da tauraron sa, daga mai layi 3 na Zuhal zuwa mai layi 9 na Wata, kuma akwai sa'ar da ake rubuta shi. Wannan ɓangare ne malamai su ka daɗe su na suka. Shehu Usmanu Ɗanfodiyo ya yi kakkausan gargaɗi a kan masu da'awar sanin gaibu ta hanyar taurari da bugun ƙasa. Ina ganin wannan na cikin abin da ya sa 'yan gida su ka ja jiki da sunan, su ka bar wa baƙi. Alhali mutumin ya yi rubutu a nahawu da manɗiƙi, kuma al-Jabarti ya sa shi ne a sahun manyan malamai, ba 'yan tsibbu ba.

Tun daga Malam Zurƙe na Ruwan Bagaja, marubutan mu sun fi son malamin da za a yi wa dariya, 'yan fim kuma sun fi son wanda za a ji tsoro. Ga labari kuwa a ajiye: ayari daga Katsina, hamada, Makka da Madina, sannan wani baƙin mutum a zauren manyan Alƙahira ya na zana gidaje a takarda, mai gida ya sunkuyo ya na bin lambobin da ido. An binne shi a maƙabartar Mujawirina da ke birnin, inda ake kai malaman Azhar.